"A SA MANI TSOHUWAR OPERA": TARIHIN WATA BUƘATA DAGA SABON BIRNI DA ISA

Rubutun na yau yana da ɗan tsawo, sai a yi haƙuri a bi ni a hankali.

Duk wanda ya saba zama a rumfar masu cajin waya da tura waƙoƙi a Sabon Birni, ko Isa, ko Gatawa, ko Bafarawa, ya san wannan maganar: "Don Allah cire mani wannan sabuwar, ka sa mani tsohuwar Opera." Wani kuma tsohuwar UC zai ce. Mutumin birni idan ya ji sai ya yi dariya, ya ce ƙauyanci ne, duniya tana 5G su suna neman kayan 2012. Ni kuwa abin da nake gani shi ne mutanen nan sun fi mai dariyar sanin halin da suke ciki. Dabarar tana da dalili mai ƙarfi, tana da tarihi, amma kuma lokaci ya zo da ta fara zama haɗari ga aljihun talaka. Waɗannan ukun nake so mu duba.

YADDA INTANET TA SHIGO MANA

Burauza ita ce manhajar da ake buɗe shafukan intanet da ita, irin su Chrome da Firefox da Opera. Tim Berners-Lee ne ya rubuta ta farko a 1990 a cibiyar bincike ta CERN da ke kusa da Janiba. Bayanta Mosaic ta fito a 1993, Netscape a 1994, Internet Explorer ta Microsoft a 1995, Firefox a 2004, sai Chrome ta Google a 2008. Dukkansu an gina su ne don mai kwamfuta a kan tebur, mai wutar lantarki da layin tarho a gida.

Mu ba ta wannan ƙofar muka shiga ba. Kafin 2001 layukan tarhon NITEL a duk faɗin Najeriya ba su kai rabin miliyan ba, kuma kusan duk suna manyan birane. A watan Janairun 2001 aka yi gwanjon lasisin GSM, kowane kamfani ya biya dala miliyan 285, a watan Agusta Econet da MTN suka fara aiki. Glo ta biyo a 2003, Etisalat a 2008. Da manyan birane aka fara, sannan sabis ya riƙa gangarowa ƙananan hukumomi a hankali, kuma abin da ya iso gabashin Sakkwato shi ne 2G, wato wannan harafin "E" da ke fitowa a saman allon waya. Ya isa a yi kira a tura saƙo, amma buɗe cikakken shafin intanet da shi sai mai haƙuri.

A nan ne wani kamfani na ƙasar Nowe mai suna Opera ya yi abin da ya canza mana rayuwa. A 2005 ya gwada wata ƙaramar burauza a ƙasarsa, a farkon 2006 ya sake ta ga duniya da sunan Opera Mini. Dabararta mai sauƙi ce. Idan ka nemi shafi, wayarka ba ta zuwa ta ɗauko shi da kanta. Manyan kwamfutocin Opera ne ke ɗaukowa, su buɗe shi a wurinsu, su matse shi, su rage nauyin hotuna, sannan su aiko maka da ɗan abin da ya rage. Kamfanin ya ce matsewar kan kai kashi 90 cikin 100. Kamar dai a ce ka aiki yaro kasuwa ya sayo rake, ya fere shi, ya yayyanka, ya kawo maka a leda maimakon ya jawo maka dami guda.

Da wannan ne ƙananan wayoyin Nokia masu Java, irin su 3110c da 2700 da C1 da Asha, suka zama tagar duniya ga ɗalibi da malamin firamare da ɗan kasuwa. Da ita aka fara karanta labarai, aka duba sakamakon ƙwallon Turai, aka buɗe Facebook karon farko, a zamanin da 2go ke tashe. Najeriya ta shiga cikin ƙasashe goma da suka fi kowa amfani da Opera Mini a duniya. Waɗanda suka yi zamanin za su tuna Opera Mini 4.2 ta ƙarshen 2008, da irin wadda samari suka yi wa kwaskwarima suna kiranta "handila", ana cusa mata lambobi don a yi lilo kyauta, kamfanin waya ya toshe yau gobe a samo wata. Tun daga lokacin mutanenmu suka koyi darasin da har yau suke aiki da shi: tsohuwa ta fi sauƙi, ta fi sauri, ta fi tausayin kati.

ME YA SA SABUWA TA FI ƘARFIN WAYOYINMU?

Abubuwa uku ne suka faru a lokaci guda.

Na farko, shafukan da kansu sun yi ƙiba. A wajajen 2010 matsakaicin shafin intanet bai wuce rabin megabait ba. Yau ya haura megabait 2, cike da talla da bidiyo mai kunna kansa da ƙananan shirye-shirye da ke aiki a ɓoye. Masu gina shafukan suna zaune ne a Legas ko Landan ko Kalifoniya, suna gwadawa da manyan wayoyi a kan intanet mai gudu, ba wanda ya taɓa gwada nasa a Tsamaye da sanda ɗaya ta sabis.

Na biyu, burauzar ma ta yi ƙiba. A 2013 Opera ta ajiye injinta na gida a babbar burauzarta ta koma kan irin na Chrome. A 2016 wasu 'yan kasuwar Sin suka sayi sashen burauzar a kan kusan dala miliyan 600, daga nan labarai da tallace-tallace suka yi ta ƙaruwa a shafin farko. Ita Opera Mini ta zamanin Java ba ta kai megabait ɗaya ba, na yanzu kuwa sai ka share hotunan biki kafin su samu wurin zama. Google ma tana da tsarin rage cin data a cikin Chrome, amma ta kashe shi a watan Maris na 2022, bisa hujjar cewa data ta yi araha a ƙasashe da yawa. A nan gida kuwa, a Janairun 2025 hukumar NCC ta amince wa kamfanoni ƙarin kuɗin kira da data har kashi 50 cikin 100.

Na uku, kamfanonin sun riƙa yanke tsofaffin na'urori ɗaya bayan ɗaya. Microsoft ta daina kula da Windows XP ranar 8 ga Afrilun 2014, Chrome 49 ce ta ƙarshe da ke aiki a kanta, Firefox kuma 52. Windows 7 ta bi sahu a Janairun 2020, Chrome 109 ta Janairun 2023 ce ta ƙarshe a kanta. Ita kanta Internet Explorer an yi mata ritaya ranar 15 ga Yunin 2022. WhatsApp ta bar ƙananan Nokia a ƙarshen 2018, ta bar Android 4.4 a Oktoban 2023. Mu ma'aikatan gwamnati mun san wannan sarai. Akwai ofisoshin da har yanzu kwamfutar da aka raba shekara goma sha biyar da suka wuce ita ce ke aiki, idan ka ce za ka sa mata sabuwar burauza sai ta ce maka ba ta san zancen ba. Dole ka nemo tsohuwar da ta yarda da ita, ko aiki ya tsaya.

To mutumin da wayarsa itel ce ko Tecno ta hannu, mai ƙaramar ma'adana, sabis ɗinsa "E", datar da ya saya ta naira 200 ce, me kuke so ya yi? Tsohuwar burauza ita ce daidai ruwa daidai tsaki.

SHEKARAR DA AKA KASHE SABIS

Abin da ya sa batun ya fi tsanani a Sabon Birni da Isa fiye da sauran wurare kowa ya sani: rashin tsaro. Turken sadarwa da dizal yake aiki, dizal da mota ake kai shi, injiniyan da zai gyara shi kuma mutum ne mai iyali. Hanyar da direba ke tsoron bi, ba kamfanin da zai yi rawar jikin kai sabbin na'urori ta kanta.

Sai kuma 2021 ta zo. A farkon Satumba aka rufe layukan waya a duk jihar Zamfara, aka bi da wasu ƙananan hukumomin Katsina. Ranar 20 ga watan Gwamna Aminu Waziri Tambuwal ya sanar da cewa an rufe a ƙananan hukumomi 14 cikin 23 na jihar Sakkwato, har da Sabon Birni da Isa da Goronyo. Manufar ita ce a hana 'yan bindiga magana da masu ba su labari. Amma kashe-kashen ba su tsaya ba. A tsakiyar Oktoba aka kashe mutane fiye da 40 a kasuwar Goronyo. A farkon Disamba aka tare motar matafiya da suka taso daga Sabon Birni a kusa da Gidan Bawa, aka ƙone ta da mutane a ciki, fiye da 20 suka rasu. Allah Ya jiƙansu. Kimanin mako ɗaya bayan wannan, ranar 13 ga Disamba, aka yi gwanjon lasisin 5G a Abuja, MTN da Mafab kowanne ya ci a kan dala miliyan 273.6. A ƙasa ɗaya, a wata ɗaya.

A wancan lokacin mutanen bakin iyaka da yawa layukan Nijar suka koma wa. Wannan ba baƙon abu ba ne ga wanda ya san tarihin Gobir. Bayan faɗuwar Alƙalawa a 1808 da yaƙin Gawakuke na 1836, Gobirawa sun kafa Tsibiri kusa da Maraɗi, daga baya Ɗan Halima ya kafa Sabon Birni a rabin ƙarshe na wannan ƙarnin. Turawan Ingila da Faransa ne suka zo suka ja layi a tsakani, suka kafa alamomin iyaka tsakanin 1906 da 1908, Tsibiri ta faɗa Nijar, Sabon Birni ta faɗa Najeriya. Dangi ɗaya ne, kasuwa ɗaya ce, kuma iskar sabis ba ta san shingen kwastan ba. Sai dai sabis ɗin da ake kamowa daga tsallake rarrauna ne, sai an hau tudu ko an tsaya a wata kusurwa, kuma da sefa ake sayen katinsa. A irin wannan hali, burauzar da za ta buɗe labari da kilobait kaɗan kafin sandar ta ɓace ta fi wadda ke da ado. Wanda yake son ya san ko hanyar Goronyo ta biyu yau, ba ruwansa da kyan allo.

INDA GIZO KE SAƘAR

Yanzu ga ɓangaren da mai rumfar caji ba ya faɗa maka, wataƙila shi ma bai sani ba.

Mutanen da suka gina garuruwa masu ganuwa sun san cewa ganuwa ba a gina ta sau ɗaya a tafi. Duk bayan damina sai an yi gayya an toshe inda ruwa ya ci, in ba haka ba shekara kaɗan akuya ma ta tsallake. Sabuntawar da burauza ke nema tana damunmu, to yawancinta irin wannan yaɓen ne. A 2021 Chrome ta koma fitar da sabon zubi duk mako huɗu, kuma kusan kowanne yana ɗauke da toshiyar ramukan da aka gano. Da zarar an toshe rami sai a sanar da duniya inda yake, ma'ana ɓarayin intanet sun san daidai wurin da tsohuwar ke da rauni. A Satumban 2023 an gano wani rami a yadda burauzoji ke buɗe wani nau'in hoto mai suna WebP, wanda hoto kawai zai iya zama hanyar kutse cikin na'ura. Chrome da Firefox da Edge da Opera duk sun yi gaggawar toshewa. Wanda ke kan tsohon zubi har gobe ƙofarsa a buɗe take. A watan Mayun 2017 ma cutar kwamfuta mai suna WannaCry ta tsayar da aiki a asibitocin Ingila da dama, saboda kwamfutocin da ba a sabunta ba. In Ingila ta ji jiki, ina ga mu?

Na biyu, daga ina tsohuwar take fitowa? Play Store ba ta ba da tsohon zubi. Daga wayar wani ake turo ta da Xender ko Bluetooth, shi ma wani ya tura masa, asalinta wani shafi ne da ba wanda ya san mai shi. Kafin ta shiga sai ka ba wayarka izinin karɓar manhaja daga majiyar da ba a sani ba, kuma sai an goge sabuwar tukuna domin Android ba ta yarda a ɗora tsoho a kan sabo, abin da ka adana a ciki ya tafi ke nan. Sannan a kashe sabuntawa ta kai tsaye don kada ta koma yadda take. Duk wadda aka yi wa kwaskwarima irin ta "handila", wani ne ya buɗe cikinta ya sake rufewa. Abin da ya ƙara a ciki, shi kaɗai ya sani. Ita UC Browser ko ta asali ma, cibiyar Citizen Lab ta Jami'ar Toronto ta wallafa a 2015 cewa tana fitar da bayanan masu amfani da ita ba tare da kariya mai kyau ba.

Na uku, akwai maganar takardun shaida. Kowane shafi mai alamar kwaɗo yana nuna wa burauza wata shaida cewa shi ne na gaskiya, ita kuma tana duba jerin masu sa hannu da ta sani. Shaidun nan suna ƙarewa. Ranar 30 ga Satumban 2021, kwana goma bayan an kashe mana sabis, wata babbar shaida da miliyoyin shafuka suka dogara da ita ta ƙare, tsofaffin na'urori da yawa a duniya suka fara nuna gargaɗin cewa shafi ba amintacce ba ne. A 2024 abin ya iso kan wayoyin Android 7.0 da na ƙasa da ita. Illar ita ce mutum ya saba danna "ci gaba" a kan kowane gargaɗi, ranar da gargaɗin gaskiya ya zo ma haka zai danna.

A 2010 duk wannan ba zai dame mu sosai ba, don abin da ke cikin wayar bai wuce lambobin abokai da waƙoƙi ba. Yau fa? Tun Disamban 2020 aka ɗaure layin waya da lambar NIN. JAMB ta koma jarrabawar kwamfuta gaba ɗaya tun 2015. Matakin farko na rajistar katin zaɓe da bashin karatu na NELFUND, duk ta intanet. Ƙarancin takardun naira na farkon 2023 ya tura har mai sayar da albasa buɗe asusu a waya. Kuma a yankin da ɗaukar tsabar kuɗi a hanya kasada ce, waya ta zama asusu, ta zama aljihu. Ga wani abin lura: Opera Mini idan tana kan matsewa mai tsanani, shafin yana bi ta kwamfutocin kamfanin ne a buɗe shi kafin ya iso gare ka, shi ya sa ba a so a yi harkar banki da ita, kuma shi ya sa shafukan cike fom da yawa ke ƙin aiki a kanta. Ɗalibi ya kai rabin fom, maɓalli ya ƙi dannuwa, sai ya hau mota zuwa kafe a Sakkwato, a kan hanyar da kowa ke addu'a kafin ya bi.

TO MENE NE ABIN YI?

Ga 'yan uwa masu amfani da waya, shawarata ba ta wuce biyar ba.

1. Kafin ka nemi tsohuwa, gwada mara nauyi wadda ake sabuntawa. Opera Mini ta yanzu daga Play Store, ka shiga saituna ka kai tanadin data ƙarshe, ka rage ingancin hotuna ko ka kashe su, ka kashe sanarwar labarai. Facebook Lite ma tun 2015 aka yi ta don irin sabis ɗinmu.

2. Idan dole sai tsohuwar, to ka ware ta don karatu kawai. Labarai, ƙwallo, farashin kaya. Kada ka rubuta lambar sirrin banki, ko BVN, ko NIN, ko lambar katin ATM a cikinta.

3. Harkar kuɗi a yi ta da lambobin USSD na banki, waɗanda ke aiki ko a kan 2G, ko da manhajar bankin ta asali.

4. Duk manhajar da aka ce tana ba da data kyauta, a guje ta. Banza ba ta kai zomo kasuwa.

5. Masu kafe da ofisoshi masu Windows 7, Firefox 115 ESR ita ce aka ci gaba da yi wa gyaran tsaro bayan Chrome ta tsaya. Ta fi a je a kwaso tsohuwar Chrome daga shafin da ba a sani ba. Ita kuwa XP, a raba ta da intanet a bar ta da buga takardu.

Amma gaskiya nauyin ba na talaka ba ne shi kaɗai. Hukumomin da ke tilasta wa kowa cike fom ta intanet, su ya kamata su tabbatar shafinsu yana buɗewa a ƙaramar waya a kan 2G, su gwada shi a ƙauye kafin su ƙaddamar a otal. Dokar sadarwa ta 2003 ta kafa asusu na musamman, USPF, don kai sabis inda kamfanoni ba sa ganin riba. Tsarin faɗaɗa intanet na ƙasa na 2020 zuwa 2025 ya yi alkawarin intanet mai sauri ya kai ga kashi 90 cikin 100 na jama'a. Wakilanmu na Isa da Sabon Birni a majalisar jiha da ta tarayya suna da damar tambaya a rubuce: turaku nawa ne ke aiki a ƙananan hukumomin nan biyu, nawa ne suka mutu, nawa ne ke ba da 4G, kuma me asusun ya kashe a nan? Tambaya ce da ba ta buƙatar kwangila, amsarta kuma za ta nuna inda aka tsaya.

Duk ranar da aka samu hanya mai aminci da turke mai aiki, ba sai an yi wa kowa wa'azi ba, da kansu mutane za su bar tsohuwar Opera kamar yadda suka bar 2go. Kafin wannan ranar, wanda ya karanta ya fahimta ya yi wa iyaye da ƙanne bayani, musamman masu karɓar kuɗi ta waya.

'Yan uwa na Sabon Birni, Isa, Gatawa, Turba da kewaye, ku faɗa mana a ƙasa: wane layi ne ke kamawa a garinku yanzu, kuma wane harafi ne ke fitowa a saman allo, E ko 3G ko 4G? Mu tattara, ko ba komai mu samu abin nuna wa masu iko.

Allah Ya kawo mana zaman lafiya a gabashin Sakkwato da ƙasa baki ɗaya.